Baffa ya fito da takardar wasiyya daga akwatin Baba, kotu za ta karɓe ta?

"Assalamu alaikum Barista. Mahaifinmu ya rasu wata huɗu kenan a Zariya, ya bar mata biyu da mu 'ya'ya tara maza da mata, da gida biyu da shago da gona. Bayan sadakar arba'in sai baffanmu ya fito da wata takarda da ajami wai a akwatin Baba ya ganta, an rubuta a ba amarya gidan da take ciki, shagon kuma a ba ɗan shi baffan, wanda Baba ya riƙa tun yana ƙarami. Rubutun dai kamar na Baba ne amma ba wanda ya sa hannu a matsayin shaida. Amarya tana da saƙon murya na WhatsApp da Baba yake ce mata gidan nata ne, limamin unguwarmu kuma ya ce ya taɓa jin Baba yana maganar shagon. Yayyena sun ce duk ƙarya ce, ni kuma tsoro nake kar mu danne maganar mamaci. Dan Allah yaya ake tabbatar da wasiyya a kotu?"

Wa alaikumus salam 'yar uwa. Allah ya jiƙan Baba ya sa ya huta, ku kuma ya ba ku haƙuri da juna.

In na fahimce ki, gidanku ya rabu biyu a kan tambaya ɗaya, rubutun Baba ne ko ba nasa ba ne. To bari in fara gaya miki abin da nake gaya wa duk wanda ya shigo ofis da irin wannan takardar a leda, wannan tambayar da kuke faɗa a kanta ba ita ce ta farko da alƙali zai yi ba, wani lokacin ma har a gama shari'ar ba a kai kanta ba. Ana iya tabbatar da cewa hannun Baba ne ɗari bisa ɗari kuma wasiyyar ta faɗi, ana kuma iya zartar da wasiyyar da ba a taɓa rubuta ta a ko'ina ba. Abin da kotu take nema shi ne wa aka yi wa, nawa aka yi, wa ya ji ya kuma gani.

Wace kotu, wace doka

Tunda Baba Musulmi ne kuma a jihar Kaduna yake, maganarku ta kotun shari'ar Musulunci ce, galibi babbar kotun shari'a ake kai rabon gado mai gidaje, kuma da mazhabar Malikiyya za a yi muku hukunci, wato littattafan fiƙihun mazhabar, Risala da Mukhtasar da Tuhfa, su ne a gaban alƙali. In wani bai gamsu ba ya ɗaukaka ƙara zuwa kotun ɗaukaka ƙara ta shari'ar Musulunci ta jiha, wadda sashe na 277 na tsarin mulkin 1999 ya ba ta hurumi a kan gado da wasiyya da kyauta da waƙafi na Musulmi, daga nan sai kotun ɗaukaka ƙara ta tarayya har kotun ƙoli.

Na kawo wannan ne saboda akwai wata wasiyyar daban, ta tsarin Turawa, wadda ake rubutawa gurin lauya, mai ita ya sa hannu gaban shaidu biyu a zama ɗaya su ma su sa hannu, a ajiye a rajistarar babbar kotun jiha. A 1971 a shari'ar Adesubokan da Yunusa kotun ƙoli ta ce Musulmi na iya bin dokar wasiyya ta Ingila ta 1837 ya raba dukiyarsa yadda ya ga dama ko da ya saɓa rabon Musulunci. Hukuncin ya tada ƙura sosai, daga baya wasu jihohi irin su Kaduna da Kwara da Oyo suka yi dokar wasiyya tasu suka cire wanda yake ƙarƙashin shari'ar Musulunci, shi ya sa a 2007 a shari'ar Ajibaiye da Ajibaiye da ta taso daga Kwara kotun ɗaukaka ƙara ta ƙi yarda da wasiyyar wani Alhaji da ya bi wancan tsarin. Takardarku dai ko a tsarin Turawan ba ta da ƙafar tsayawa tunda ba shaida ko ɗaya da ya sa hannu, don haka mu bar wannan mu koma inda maganar take.

Maganar amarya daban, ta ɗan baffa daban

Takarda ɗaya ce amma wasiyya biyu ce a ciki kuma ba hukuncinsu ɗaya ba.

Amarya magajiya ce, ita da uwargida za su raba tumunin takaba, wato kashi ɗaya cikin takwas, tunda akwai 'ya'ya. Hadisi kuma a fili yake, babu wasiyya ga magaji. Kin ga kenan ko da liman da ladan da mai unguwa duk sun sa hannu, wasiyyar gidan ba ta zartuwa sai in ku magada kun yarda, kuma in kun yarda a Malikiyya kyauta ce ku kuka yi mata daga rabonku, ba Baba ba. Wanda ya yarda a cire daga kasonsa, wanda bai yarda ba ba a taɓa nasa. In akwai ƙananan yara a cikin ku tara ɗin, ba wanda ya isa ya yarda a madadinsu, ko uwarsu ko waliyyinsu, dukiyar maraya ba a kyauta da ita.

Amma ki lura da kyau, duk lauyan da ya san aikinsa ba zai shiga kotu ya ce wasiyya aka yi wa amarya ba, zai ce kyauta ce Baba ya yi mata tun yana raye, kuma a nan ne saƙon muryar nan zai yi aiki. "Gidan nan naki ne" daban, "in na mutu gidan nan naki ne" daban. Ta farko kyauta ce, ta biyu wasiyya. Kyauta ga mata ko ɗa tana inganta, sharaɗin shi ne hauzi, wato wanda aka ba ya karɓa abin ya fita daga hannun mai bayarwa kafin ya rasu ko ya kwanta ciwon ajali. To a nan ake kai ruwa rana, domin in Baba ya ci gaba da kwana a gidan a matsayin gidansa, shi ke gyaran rufi shi ke karɓar kuɗin hayar ɗakunan waje, takardun filin na akwatinsa da sunansa, malaman Malikiyya ba sa ɗaukar zaman matar a ciki a matsayin hauzi, ai dama aure ne ya zaunar da ita. In kuwa ya miƙa mata takardu gaban mutane, an canza suna a KADGIS, hukumar rajistar filaye ta jihar Kaduna, ita ke karɓar haya shekara da shekaru, to yayyenki su shirya, gidan ya fita daga gado. Ranar da aka yi saƙon ma abin dubawa ce, in a gadon asibiti ne cikin ciwon da bai tashi ba, kyautar ta koma hukuncin wasiyya, ta sake faɗawa cikin babu wasiyya ga magaji.

Shi kuwa ɗan baffa ba magaji ba ne, tunda Baba ya bar 'ya'ya maza sun katange shi, riƙo kuma ba ya sa gado. Irinsa ne ma aka yi wasiyya dominsu. Nasa yana iya inganta, amma cikin sulusi kawai, wato kashi ɗaya cikin uku, kamar yadda Annabi (SAW) ya ce wa Sa'adu ɗan Abi Waƙƙas, sulusi, sulusin ma da yawa. Kuma sulusin ba na dukiyar gaba ɗaya ba ne, sai an fitar da kuɗin jana'iza da bashi tukuna. Misali a ce an yi wa komai kuɗi ya kama miliyan 60, ana bin Baba miliyan 6, saura 54, sulusi 18 kenan. In shagon miliyan 10 ne ya ɗauka gaba ɗaya, in 25 ne to na 18 kawai yake da shi, ragowar 7 ɗin sai da yardarku. Shi ya sa nake cewa kar a raina zaman masu kimanta kadara da kotu take turawa, na sha ganin an yi wata shida ana rigimar takarda, ranar kimantawa kuma ba wanda ya je daga ɓangare ɗaya, aka sa wa shago kuɗin da bai kai ba ya shige cikin sulusi salin alin.

Ita kanta takardar

Wanda ya ce akwai wasiyya shi zai kawo hujja, ku da kuke musu ba a neman ku tabbatar da cewa babu. Wannan ƙa'ida ce, hujja a kan mai da'awa, rantsuwa a kan wanda ya musa.

Ga inda mutane suke mamaki. A Mukhtasar, Khalil ya kawo wannan mas'alar taku kusan sak, ya ce in ya tabbata cewa rubutun mamacin ne, ko ma ya karanta wa mutane, amma bai kafa shaida ba bai kuma ce a zartar ba, to ba a zartarwa. Dalilin kuwa mai hankali ne in kin zauna kin yi tunani. Wasiyya abu ce da mutum yake iya janyewa ko da yaushe har ya mutu. Dattijo na iya zama bayan sallar isha'i ransa ya yi daɗi da yaron da ya riƙa ya ɗauko biro ya rubuta, bayan wata biyu yaron ya ɓata masa ko ya yi shawara da malaminsa ya fasa, takardar kuma tana nan ƙasan akwati bai yaga ba. Rubutun nasa ne, amma wa ya san ko a kan wannan niyyar ya cika? Kiran shaidu shi ne alamar ya gama shawara.

Don haka in ɗan baffa takardar kaɗai ya riƙe, ko an kawo masanin rubutu ya gwada ta da littafin bashin shago da sauran rubuce-rubucen Baba ya ce hannu ɗaya ne, bai gama aiki ba. Ba wai gwajin ba shi da amfani ba, in ya nuna ba hannun Baba ba ne magana ta ƙare har ma ta iya juyewa ta zama ta 'yan sanda, amma in ya nuna nasa ne ya dai ƙarfafa zato kawai. Kuma gaskiya masu gwada ajami da ƙwarewa ba su da yawa, galibi tsofaffin abokan karatu ko almajiran mutum ake kira su ce sun san hannunsa.

Abin da yake tabbatar da wasiyyar dukiya shi ne shaidu maza biyu adalai, ko namiji ɗaya da mata biyu, ko kuma shaida ɗaya adali tare da rantsuwar wanda aka yi wa wasiyyar, wannan na ƙarshen Malikiyya sun yarda da shi a harkar dukiya kuma kotunanmu suna aiki da shi. Kin ga yanzu limamin nan da kika ambata a ƙarshen tambayarki kamar ba komai ba, shi ne shari'ar gaba ɗaya. In liman ya tsaya ya ce ranar kaza bayan la'asar a zauren gidansa marigayi ya ce mini Malam ka shaida, in ta Allah ta kasance a ba wane shagon nan, kuma aka ba ku dama ku soki shaidarsa kuka kasa, alƙali na iya ba ɗan baffa Alƙur'ani ya rantse ya karɓi shagon cikin sulusi, ko da takardar ba ta taɓa fitowa daga akwati ba. In kuwa abin da zai ce shi ne na taɓa jin yana cewa yana so ya yi wa yaron nan wani abu, to wannan buri ne, ba wasiyya ba.

Shi baffa shaidarsa ba ta karɓuwa a nan, uba ba ya yi wa ɗansa shaida, haka 'ya'yan amarya ba za su yi wa uwarsu ba, duk wanda zai jawo wa kansa amfani ko akwai sananniyar gaba tsakaninsa da wanda yake shaida a kansa ana iya soke shi. Kuma za a tambayi baffa tambayoyin da ba zai ji daɗinsu ba, wa ya ba shi mukullin akwatin, yaushe ya buɗe, da wa a gurin, me ya sa sai bayan arba'in. Ban ce ya yi wani abu ba, mutane da yawa suna jira a share makoki ne kafin a tada maganar dukiya kuma kunya ce mai kyau, amma tambayar dole a yi ta.

Akwai wata shari'a da na yi shekarun baya da har yanzu in na tuna sai na ji ba daɗi, don ni ne na sha ƙasa. Wanda nake karewa ya zo da takarda bugun kwamfuta tsaf, da hatimi da dangwalen yatsan marigayi da sa hannun shaidu biyu, na ce wannan ai an gama. Laifina ban zauna da shaidun ɗaya bayan ɗaya ba kafin ranar. Na farko ya shiga, alƙali ya ce masa a ina marigayi ya gaya maka wannan magana, sai bawan Allah ya gyara hula ya ce a'a ranka ya daɗe ni ban ji daga bakinsa ba, a kasuwa aka kawo mini takardar aka ce Alhaji ya ce in sa hannu, ni kuma na ga yatsansa na sa. Na biyu ma haka. Mutanen kirki ne ba su iya ƙarya ba, kuma har gobe ina kyautata zaton marigayin ya yi wasiyyar, amma ba wanda ya ji. A wata kuma wata tsohuwa mai ƙosai da maƙwabciyarta da wani tela su suka tabbatar wa wani almajiri ɗaki guda, ba takarda ko ƙyalle, sai dai duk ukun da aka raba su aka tambaye su sun faɗi rana ɗaya, guri ɗaya, har da abin da mamacin yake sha a kofi lokacin.

Hankalin Baba da saƙon murya

In yayyenki za su ce Baba ba ya cikin hayyacinsa lokacin, su sani tsufa ko ciwo kaɗai ba sa ɓata wasiyya, yawancin wasiyya ma a kan gadon ciwo ake yinta. Abin da ake nema shi ne ya san abin da yake faɗa, ya san dukiyarsa ya san wa yake ba, maganarsa ba ta cin karo da juna. Mai cewa hankali ya gushe shi zai kawo hujja, katin asibiti, likitan da ya duba shi, masu jinya. Takardar tana da kwanan wata? Ki duba. Ki kuma bincika abin da Baba ya yi da shagon bayan wannan ranar, domin in ya sayar da shi ko ya ba wani ko ya yi wata wasiyyar da ta soke wannan, aikinsa ya janye maganarsa.

Saƙon WhatsApp kuma, kotunan shari'a ba a ɗaure suke da dokar shaida ta 2011 a ƙararrakin da ba na laifi ba yadda babbar kotu take, don haka alƙalai sun bambanta, wani zai saurara ya ɗauke shi a matsayin alama mai ƙarfafa shaida, wani zai ce a kawo masu rai da suka san muryar. Ban taɓa ba wanda nake karewa shawarar ya dogara da shi shi kaɗai ba, balle yanzu da ake iya kwaikwayon murya da na'ura. Ku nemi a kawo ainihin wayar da aka tura wa saƙon, da abin da ya gabace shi da abin da ya biyo baya, ba guntun da aka yi ta turawa a guruf ɗin dangi ba. Sau da yawa daƙiƙa goman da aka yanke su ne suke ɗauke da "in na mutu".

Abin da zan ce ki yi

Asalin takardar ta bar hannun baffa ta koma gurin wanda kowa ya yarda da shi ko a miƙa wa rajistaran kotu, kowa ya riƙe fotokwafi, kar a liƙe ta da roba kar a yi rubutu a kanta. Kar kowa ya sayar da komai ko ya kori kowa daga gida kafin hukunci, in ana tsoron haka a roƙi kotu ta dakatar. Ku je gurin liman ku biyu ko uku, har da ɗaya daga ɓangaren baffa, ku ce Malam faɗa mana daidai abin da ka ji, kar ku sa masa magana a baki. Ku tambayi abokan Baba na majalisa da yaran shago ko akwai wanda ya ce wa ya shaida.

Sai maganar tsoronki, wanda na ga shi ne ainihin abin da ya sa kika rubuto. Ayar Baƙara ta 181 ta ɗora zunubi a kan wanda ya canza wasiyya bayan ya ji ta, ba a kan wanda ya ce a kawo hujja ba, don haka yayyenki ba su yi laifi ba da suka nemi a tabbatar. Ke kuma in zuciyarki ta natsu cewa Baba ya faɗa, ƙofa a buɗe take, kina iya yin iƙirari gaban alƙali a cire abin da ya hau kan kasonki a ba ɗan baffa, ko ki bar wa amarya naki rabon na cikin gidan, iƙirarinki ke kaɗai yake ɗaurewa ba ya taɓa na kowa. Na ga gidajen da aka yi haka, uku suka yarda shida suka ƙi, aka yi wa shagon kuɗi aka ba yaron na mutum uku ya ƙara da nasa ya sayi ragowar.

Ban ga takardar ba ban kuma ji saƙon ba, kalma ɗaya a ciki tana iya juya duk abin da na faɗa, kuma nauyin da za a ba shaidar liman yana hannun alƙalin da zai kalle shi ido da ido. Ki samu lauyan da yake shiga kotun shari'a a nan Zariya, ba kowane lauya ne ya san Tuhfa ba, ki kai masa kwafin tare da wanda ya iya karanta ajami sosai, a karanta muku ita baƙi da baƙi, a ga ko Baba "na ba" ya rubuta ko "a ba".